Yadda za ka koya wa yaran ƙauye tanis a kan tafarkin William Renshaw

Ina ɗan shekara 12 na fara riƙe ƙwallon tanis. Kawuna ne ya kai ni wani kulob a birnin Kano inda yake aikin share fili da ban ruwa, aka sa ni cikin yaran da ke tsintar ƙwallo. Shekara 4 na yi ina durƙushe a gindin raga ina kallon ƙafafun manya, har wani dattijo mai zuwa da la'asar ya ba ni tsohon raket ɗinsa na katako, wato abin buga ƙwallon. Shi ne kuma ya fara ba ni labarin William Renshaw. Yau ni malamin firamare ne a wani ƙauye tsakanin Ringim da Taura, ni ke kula da wasanni, kuma a bayan ajujuwanmu akwai filin tanis da ba a zuba masa ko buhun siminti ɗaya ba. 'Yan'uwana malamai sun sha tambayata yadda muka yi. Zan faɗa dalla-dalla, amma sai na fara da mutumin, domin daga rayuwarsa na ɗebo tsarin gaba ɗaya.

An haifi William Renshaw a garin Leamington na Ingila ranar 3 ga Janairu 1861, shi da ɗan'uwansa Ernest, tagwaye ne. Suna 'yan shekara 13 wani soja, Manjo Walter Wingfield, ya yi wa wasan rajista a 1874, yana sayar da shi cikin akwati: raga da sanduna da raket da ƙwallaye. A 1877 aka yi gasar Wimbledon ta farko a Landan. Mutum 22 suka ba da suna, Spencer Gore ya ci, 'yan kallo wajen 200 suka biya sule ɗai-ɗai don ganin wasan ƙarshe. Bayan haka wasan ya koma na lallaɓawa, a tsaya can baya ana mayar da ƙwallo har abokin karawa ya gaji ya yi kuskure. Da irin wannan haƙuri wani limamin coci, John Hartley, ya ci kofin a 1879 da 1880. Sai ga William a 1881, yana ɗan shekara 20, yana buga sabis, wato bugun fara wasa, daga saman ka da ƙarfi, yana rugowa gindin raga, duk ƙwallon da aka ɗaga masa sama ya saro ta ƙasa. Ya gama da Hartley da ci 6-0, 6-1, 6-1 cikin minti 37. Waken da aka ɗora a farkon wasan ko laushi bai fara ba.

Daga nan ya riƙe kofin shekara 6 a jere har 1886. Sau 2 a ciki da Ernest ya kara a wasan ƙarshe, sau 3 da Herbert Lawford. A 1887 ciwon gwiwar hannu ya zaunar da shi, a 1888 Ernest ya ci, a 1889 William ya dawo ya ci na 7, kuma a hannun ɗan'uwan nasa ya karɓa. Su biyun tare sun ci kofin 'yan bibbiyu na Wimbledon sau 5. Gaskiya ɗaya da nake faɗa wa yara ita ce, a zamaninsu mai riƙe da kofi zama yake yi ya jira wanda ya kayar da sauran, su yi karo ɗaya tak, kuma sai 1922 aka soke wannan tsari. Duk da haka babu namijin da ya kamo shi a yawan cin kofin sai Pete Sampras a 2000, babu wanda ya wuce shi sai Roger Federer a 2017.

Tanis ba sana'ar William da Ernest ba ce, kuma wannan ma ba na ɓoye wa yara. 'Ya'yan masu hali ne, sun gaji dukiyar da ta ɗauke musu neman abinci, shi ya sa suka iya ba wasan ranakunsu don sha'awa kawai. Sai 1968 aka buɗe Wimbledon ga masu cin abinci da wasan. Mu ba mu da dukiyarsu. Amma da na zauna na duba abin da dukiyar ta saya musu, sai na ga fili ne a kusa da su, da abokin bugu wanda ba ya fashi, da wasa babu yankewa duk shekara, don idan sanyi da ruwa suka rufe filayen Ingila sukan tafi Cannes a kudancin Faransa su ci gaba. Ƙasa muna da ita, 'yan'uwa muna da su, rani kuwa Allah ya ba mu mai tsawo.

Filin

Ka fara bayan kaka, lokacin da aka kai amfani gida, amalanke ta samu sarari, ƙasa kuma ba ta gama bushewa ƙayau ba. Kafin ka kafa fegi ɗaya ka je wajen hedimasta, ku tafi tare wajen mai unguwa da kwamitin iyaye. Kada ka tsallake wannan. Filin da mutanen gari ba su sa hannu a kansa ba, makiyaya za su bi ta kansa da shanu kuma babu wanda zai tsawata.

Ka zaɓi wuri mai ɗan tudu, nesa da burtali, nesa da saiwar darbejiya. Tsawon filin ya bi kudu da arewa. Na farkon da na auna gabas da yamma na shimfiɗa shi, da la'asar ta yi sai duk yaron da ke fuskantar yamma ya kasa ganin ƙwallo, dole muka tuge fegi muka sake awo. Hanya mai sauƙi: ka tsaya kamar za ka ta da salla, tsawon filin ya bi kafaɗarka ta dama da ta hagu.

Ƙasarmu ta nan rairayi ce, ƙwallo ba ta tashi a kanta. Sai ka nemo jar ƙasa daga kududdufin da magina ke haƙa, da ɗan burji a shimfiɗa a ƙasa. Ka share wuri mai ƙafa 120 a tsawo da 60 a faɗi idan akwai hali, idan babu to kada abin da ke bayan kowane layin ƙarshe ya gaza ƙafa 12, don yara da gudu suke ja da baya. A kankare ciyawa har saiwa, a tsince tsidau da ƙarangiya, a zuba burji, a bi shi da jar ƙasa kaurin yatsu 4. Ta saman a tankaɗe ta da rariyar magina. Idan akwai tsohon shuri a kusa, a fasa a daka ƙasarsa a gauraya da ta saman, tana kama jiki ƙwarai. Gefe ɗaya ya ɗan fi ɗaya tudu kaɗan yadda ido ba zai gani ba. Ka gwada da bokitin ruwa: idan ruwan ya gangara a hankali ya fita, daidai ne, idan ya kwanta a cike wurin.

Daɓen kansa kuwa ba ni na koyar ba, ni aka koya wa. Na tara samari da faskare da turame muna ta bugu, ƙasa tana tsagewa. Wata tsohuwa mai kawo ƙosai makaranta ta tsaya ta kalle mu, ta ce, "Malam, wa ya ce maka ana daɓe da rana tsaka? Ka jiƙa da yamma ta kwana tana sha, da asuba a buga." Na ce, "Iya, to ki zo ki nuna mana." Washegari ta zo da mata 9, kowace da madaɓinta, suka jeru a durƙushe suna bugu suna waƙa suna ja da baya, hannu ɗaya na yayyafa ruwa. Ita ce ta sa aka jiƙa ɓawon ɗorawa kwana 2 aka tace ruwan makuba, aka yayyafa a bugu na biyu da na uku. Da ya bushe sai filin ya yi duhu-duhu yana ɗan sheƙi, ka buga ƙwallo ta taso maka har ƙugu. Saboda haka shawarata ita ce ka nemi tsofaffin matan garinku da girmamawa, ka yi gayya, ka dafa abinci, ka bar musu jagorancin wannan aiki.

Bayan daɓe kana bukatar abin murjewa. Mu tsohon durom muka cika da yashi, maƙeri ya zura masa ƙarfe ta tsakiya, yara 4 na ja. Duk sanda suka yi ƙorafin nauyi ina tuna musu cewa gasar Wimbledon ta farko ma an shirya ta ne don a samu kuɗin gyaran abin murje fili wanda doki ke ja.

Awo da raga

Ka aro tef ɗin magini. Tsawon fili ƙafa 78 ne, faɗinsa ƙafa 27 ga 'yan ɗai-ɗai, 36 ga 'yan bibbiyu. Raga na tsakiya, wato ƙafa 39 kowane ɓari. Layin sabis ƙafa 21 ne daga raga, sannan a ja layi daga tsakiyarsa zuwa raga ya raba wurin gida biyu. Inda mutane ke kuskure shi ne kusurwa. Ka kafa fegi 2 a layin raga, tazarar ƙafa 36. Daga na farko ka ja igiya mai ƙafa 39, daga na biyu ka ja mai ƙafa 53 da inci 1. Inda bakin igiyoyin suka haɗu, nan ne kusurwarka. Ka juya ka yi haka sau 4. Igiyar rama tana miƙewa idan an ja ta, don haka ka riƙa maimaita awon da tef.

Toka muka fara zuba wa layi, iskar hunturu ta kwashe ta a kwana ɗaya. Abin da ya zauna shi ne farar ƙasa da aka dama da ruwan ƙaro, a shafa da tsumma tsakanin igiya biyu, faɗin yatsu 3.

Turakun raga su fito ƙafa 3 da rabi daga ƙasa, a kafa su ƙafa 3 a wajen layin gefe, tsakiyar raga kuma ta sauko ƙafa 3 cif. Wannan awo tun 1882 yake, zamanin da William ke riƙe da kofi. A gasar farko ragar ta kai ƙafa 5 a wajen turaku, shi ya sa wanda ya tsaya a gindinta da wuya a wuce shi ta gefe. Ragarmu tsohuwar komar masunta ce da na samo a bakin kogin Haɗeja, tela ya ɗinka mata farin ƙyalle a baki, muka zura igiya mai kauri. A ƙarshe a kewaye filin da dangar kara, ta tare ƙwallo ta kuma tare awaki.

Raket na gwanjo ake nema a Kano, kuma ka ɗaga ka ji nauyinsa kafin ka biya. Masu farawa kafinta ya yanka musu faifan katako marar nauyi mai mariƙi, ya isa wata 3 na farko. Ƙwallayen da 'yan kulob suka gama da su sun fi sababbi amfani ga yaro, don sun yi laushi ba sa tashi da yawa. A nan ina da abin da ke damuna har yau. Raket ɗin katakon nan da dattijo ya ba ni, na ba wani yaro ɗan aji 4 saboda ƙwazonsa, bayan mako 3 ya kasa ɗaga buta da hannun dama. Sai da ya huta wata guda. Ciwon da ya hana William Renshaw kare kofinsa a 1887 ke nan, shi da yake babba mai ƙarfi. Yaro ya ce gwiwar hannunsa na zafi, a karɓe raket a ranar.

Kowane yaro da ɗan tagwaicinsa

Wannan shi ne ƙashin bayan tsarin, kuma shi ne abin da na fi so malamai su ɗauka ko da ba su daɓe fili ba. Tanis ba ta yiwuwa da mutum ɗaya, kuma ba ta bukatar mutum 22 kamar ƙwallon ƙafa. Mutum 2 take so waɗanda ba sa gajiya da juna. William ya tashi da wanda ya san duk dabararsa, duk abin da ya ƙirƙiro yau gobe Ernest ya samo maganinsa, dole ya sake wani. Haka suka yi ta wasa junansu kamar wuƙa da dutse.

Don haka ranar farko nake haɗa yara bibbiyu, in ce daga yau ku tagwaye ne. Ina duba waɗanda gidajensu ke kusa, ƙarfinsu ya yi daidai, kuma ba na raba su sai shekara ta ƙare. Idan ɗaya bai zo ba, ɗayan ne zai je gidansu ya ji dalili. A cikin yarana akwai tagwaye na haihuwa, ba sai na faɗi sunansu ba, kowa ya san sunan tagwaye a ƙasar Hausa. Su ne suka nuna mini tsarin na aiki: da aka tashi makaranta sai su ja layi a ƙofar gidansu, su ɗaura igiya tsakanin turken akuya da dirkar rumfa, su yi ta bugu har kiran magariba.

Kada ka fara da ƙirga ci. Ka sa su a rabin fili, kusa da raga, su riƙa ba juna ƙwallo suna ƙirgawa da baki. Sai tagwaye sun kai 20 ba faɗuwa sannan su ja baya zuwa layin ƙarshe. Riƙon raket na bugun dama kamar musabaha ne, ka miƙa wa yaro mariƙin ya kama kamar zai gaisa da kai. Na sabis da na gindin raga kuwa riƙon guduma ne.

Sabis da saran sama, waɗanda suka yi wa William suna, su ne mafi sauƙin koya wa ɗan ƙauye, domin duk yaron da ya taɓa jifan goruba ya riga ya iya motsin. Ka ba shi dutse ka ce ya jefo wadda ke can ƙololuwa, ka sa shi ya lura da kansa: ya juya gefe, hannun hagu ya nuna sama, gwiwar hannun dama ta ɗaga, nauyinsa ya tashi daga ƙafar baya zuwa ta gaba. To ka cire dutsen ka sa raket. Abin da zai ba shi wuya shi ne cilla ƙwallon da hannun hagu ta tsaya inda yake so. Ka zana ɗan da'ira a ƙasa gaban ƙafarsa ta hagu, ya yi ta cillawa ba tare da bugu ba har ta riƙa faɗawa ciki. Yarana "saran gatari" suke kiran bugun da ake saro ƙwallo daga sama, kuma kowa shi yake so ya yi. Ni kuwa ba na koyar da shi shi kaɗai. Ɗaya ya ɗaga ƙwallo sama ta tsallake kan ɗan'uwansa, ɗayan ya sara, bayan 10 su yi musanya. Da wannan ɗagawar Frank Hadow, manomin gahawa da ya zo hutu daga Silon, wato Sri Lanka ta yau, ya raba Gore da kofi a 1878, don haka kada yaro ya raina ta.

Ƙirgar ci ba ta da wuya: 15, 30, 40, sai wasa. Idan aka yi 40 da 40 muna cewa kunnen doki, sai wanda ya ci 2 a jere. Wanda ya fara cin wasa 6 da ratar 2 ya ci zagaye. Ba mu da alƙali. Kowa shi ke faɗin ƙwallon da ta faɗi a ɓarinsa, idan kuma yana shakka to ta abokin karawarsa ce. Daɓe yana nuna tabon ƙwallo, amma na fi so yaro ya faɗi gaskiya kafin a je duba tabo.

Akwai ranar da za ka ga yaro an ci shi 4 babu ko ɗaya, ya jefar da raket ya nufi danga. Ranar nake zaunar da su duka in ba su labarin 1889. Kafin William ya kai ga ɗan'uwansa sai da ya kara da Harry Barlow. Barlow ya ci zagaye 2 na farko. A zagaye na 4, sau 6 yana saura bugu ɗaya ya gama wasan, William na kuɓuta. A zagaye na 5 Barlow ya kai 5 William bai ci ko ɗaya ba, amma aka tashi 8-6 William ne da nasara. Ba na ƙara komai a kai, sai in ce wa yaron ya ɗauki raket ɗinsa ya koma.

'Yan mata ma suna bugawa a wurinmu, ranar Talata da Alhamis, da malama a tsaye, da dogon wando da ƙaramin hijabi. Gida-gida na bi na nemi izinin iyaye, wanda ya ƙi ban matsa masa ba. Su labarin Lottie Dod nake ba su, wadda ta ci Wimbledon a 1887 tana 'yar shekara 15, ta kuma ci sau 5 gaba ɗaya.

Lokacin wasa kada ya ci na Islamiyya ko na kiwo, in ba haka ba iyaye za su janye 'ya'yansu kuma suna da gaskiya. Mu mun daidaita da malamin allo a kan awa ɗaya bayan la'asar. Da damina filin hutawa yake yi, yara ma suna gona, amma hannu ba ya hutawa. Cannes ɗinmu ita ce bangon aji na ƙarshe: na ja masa layi a tsayin ƙafa 3, duk wanda ya dawo daga gona da sauran ƙarfi ya zo ya buga 50.

Gasarmu ta shekara ana yin ta ne a hunturu, kuma da gangan na bar ta a tsohon tsari: zakaran bara yana zaune a kan benci yana kallo har a fitar da wanda zai tunkare shi. Kyautar littattafan rubutu ce da sabulu, sai kuma aiki, domin zakara shi ke jan ragamar share fili da koya wa 'yan aji 3 har shekara ta zagayo. William ma da aka kafa hukumar tanis ta Ingila a 1888 shi aka ɗora a kan shugabancinta, yana tsakiyar wasansa. Bai yi tsawon rai ba, ya rasu a 1904 yana da shekara 43, shekara 5 bayan Ernest. Idan ka samu yaron da ya fi ƙarfin filinka, ka nemi izinin mahaifinsa ka kai shi Kano ya kalli gasar tanis ta Dala, ka kuma gaya masa Nduka Odizor da ya kai zagaye na 4 a Wimbledon a 1983 da tsintar ƙwallo ya fara a Legas.

Da ka ga hadarin farko ya fara haɗuwa a gabas, ka kwance raga ka naɗe ta a ofishin hedimasta inda ɓera ba zai kai ba. Ka shafe gindin turaku da baƙin mai saboda gara, ka cike duk tsagar da ta buɗe da jar ƙasa mai ruwan makuba, ka haƙa ɗan lambatu a gefen gangare ya kai ruwa waje. Fegin kusurwa 4 kuwa ka buga su su nutse daidai da ƙasa ka bar su a nan, don bayan kaka da su za ka gane layinka ba sai ka sake aron tef ba.